Raki Ne Ko Ciwo? Amsa Ga Mai Son Rubuta Ciwon Mace

"Assalamu alaikum Likita. Ni ɗaliba ce, kuma ina ɗan taɓa rubutun labarai a intanet. Tun da na fara al'ada nake fama da ciwon mara mai kayar da ni, wani watan har da amai da suma. A gida cewa ake yi raki ne, a makaranta a ce gudun aji nake yi, a asibiti kuma aka ce in na yi aure zai daina. Yanzu ina rubuta labarin wata yarinya mai irin ciwona, amma ƙawata da ta karanta ta ce kukan ya yi yawa, kamar neman tausayi nake yi. Me ya sa ba a yarda da mace idan ta ce tana jin ciwo? Kuma yaya zan rubuta shi har mai karatu ya ji a jikinsa, ba tare da an ce na cika ƙorafi ba?"

Wa alaikumus salam ƙanwata. Sannu da jiki, Allah Ya ba ki lafiya mai ɗorewa. Bari in fara da abin da ya kamata a ce an faɗa miki tun tuni: ciwon da ke sa mutum amai har ya suma ba raki ba ne, kuma aure ba ya cikin magungunan da likita ke rubutawa. Ni likitar mata ce, yinina yana ƙarewa ne tsakanin ɗakin haihuwa da ɗakin duba marasa lafiya, don haka daga can zan ɗauko miki amsa. Kin tambayi abin da ke hana a gaskata mace, kin kuma tambayi yadda za ki rubuta ciwonta. Ta biyun ba za ta amsu ba sai an warware ta farko, domin idon da ya ƙaryata ki a gida, shi ne dai zai karanta labarinki.

Mudun da muke auna mace da shi

Zazzaɓi muna da abin gwada shi, hawan jini ma haka, amma zafin ciwo babu na'urar da ke nuna shi, sai abin da mai shi ya faɗa. Shi ya sa maganar duka take komawa kan wane ne ake yarda da bakinsa.

A ƙasar Hausa yarinya tana tasowa ne da tarbiyyar kunya da dauriya. Ba na raina su, sun riƙe gidaje da yawa. Amma dubi abin da suke yi a haihuwar fari. Yarinya ta je goyon ciki gidan iyayenta, tun watan haihuwa bai kama ba an ja mata kunne: kada a ji bakinki, kada ki ba mu kunya, wance da ta haihu ko 'yan tsakar gida ba su sani ba sai kukan jariri aka ji. Wannan yabon take so ita ma ta samu. Naƙuda na tasowa sai ta shige ɗaki ta ja bakinta ta yi gum.

Na sha karɓar irinsu. Za a shigo da ita an rirriƙe, bakin zani a tsakanin haƙoranta, leɓe ya bushe har ya tsage. In na ce mata "tun yaushe kike jin ciwon?" sai ta juya ta kalli gwaggonta. Gwaggon ce za ta amsa, da alfahari a muryarta: "Ai Likita jaruma ce, tun shekaranjiya take abu ɗaya, ko tari ba ta yi ba." Ina dubawa in tarar kan ɗan ya cushe a ƙugu ya ƙi gaba, fitsarin da muka zuƙo da roba kuma ya yi ja da jini. Abin da ke faruwa a ciki shi ne, kan jaririn ya danne mafitsara a jikin ƙashin gaba na tsawon sa'o'i, jini ya daina isa wurin, naman ya mutu. Bayan 'yan kwanaki sai ya ruɓe ya faɗi ya bar rami. Wannan shi ne yoyon fitsari, wanda asibitoci irin su Babbar Ruga a Katsina da cibiyar Danja kusa da Maraɗi suke ta aikin ɗinke shi shekara da shekaru. Gwaggon nan ba muguwa ba ce, tana son 'yarta. Abin da aka yaba mata a kansa ne take yaba wa yarinyar.

A gadon da ke gefe kuma akwai wadda ke ihu tana kiran sunan Allah da na mahaifiyarta. Ita sunanta raguwa, mai son jiki, 'yar shagwaɓa. To kin ga inda gizo ke saƙar. Wadda ta yi shiru an ce ai da sauƙi, tunda ga ta nan ba ta ce komai ba. Wadda ta yi kuka an ce ƙarawa take yi. Babu wani gwargwadon kuka a tsakani da mace za ta yi a ce yauwa, wannan gaskiya take faɗa.

Binciken lafiya na ƙasa da aka yi a Najeriya a 2018 ya nuna cewa a Arewa maso Yamma haihuwa 16 cikin 100 ne kawai ake yi a asibiti. Dalilan suna da yawa, akwai nisa, akwai rashin kuɗi, akwai jiran izinin maigida. Amma jinkirin farko yana faruwa ne tun a cikin ɗaki, lokacin da mace ta san jikinta ba daidai yake ba ta kasa faɗa, ko ta faɗa aka ce ta yi haƙuri.

Abin bai tsaya a kanmu ba

Kada ki ɗauka Hausawa ne kaɗai. A 2001 wasu masu bincike biyu a Jami'ar Maryland ta Amurka, Diane Hoffmann da Anita Tarzian, sun tattara nazarce-nazarcen da aka yi kan jinyar ciwo, suka nuna cewa mata sun fi kai ƙarar ciwo, amma an fi saurin jingina nasu ga damuwa ko tunani, an kuma fi rage musu magani. Wani nazari da aka buga a 2008 ya duba mutum 981 da suka je sashen gaggawa na wani asibitin Amurka da matsanancin ciwon ciki. Maza sun jira kimanin minti 49 kafin a ba su maganin rage zafi, mata kuma minti 65, alhali ƙarfin ciwon da suka faɗa kusan ɗaya ne. Shi kansa ilimin magani an daɗe ana gina shi a kan jikin namiji. Sai a 1993 Amurka ta yi dokar da ta wajabta sa mata cikin gwaje-gwajen asibiti da cibiyar binciken lafiya ta gwamnati ke biya.

Idan macen baƙar fata ce, nauyin ya ninku. Tiyatar yoyon fitsari da na ambata, wadda ta ceto dubban matanmu, asalinta yana da ɗaci. Tsakanin 1845 da 1849 wani likita mai suna J. Marion Sims a garin Montgomery na jihar Alabama ya yi ta gwada aikin a jikin mata bayi ba tare da maganin kashe zafi ba. Sunayen uku ne kawai tarihi ya riƙe: Anarcha da Betsey da Lucy. Anarcha ita kaɗai an yi mata aikin kusan sau 30. An gina masa mutum-mutumi a birnin New York, sai a 2018 aka cire shi daga inda yake. Tunanin cewa baƙar fata ba ta jin zafi sosai bai mutu da shi ba, domin wani nazari a Jami'ar Virginia a 2016 ya tarar kusan rabin fararen ɗaliban likitanci da sababbin likitocin da aka tambaya sun yarda da aƙalla ɗaya daga cikin irin waɗannan camfe-camfe, kamar cewa fatar baƙi ta fi kauri. Duk lokacin da na shiga aikin yoyon fitsari ina tuna matan nan uku.

Mu ma'aikatan asibiti

Nan ne maganar ta fi yi mini nauyi, domin gidanmu ne. A 2019 mujallar Lancet ta buga binciken da Hukumar Lafiya ta Duniya ta jagoranta, inda aka zauna a ɗakunan haihuwa a Najeriya da Ghana da Gini ana kallon abin da ke faruwa. Cikin mata sama da 2,000 da aka sa wa ido, kusan kashi 42 cikin 100 sun gamu da duka ko tsawa ko zagi ko wulaƙanci, kuma ƙananan yara da waɗanda ba su yi karatu ba sun fi shan zagin. Cikin waɗanda aka yi wa ƙari, wato yankan da ake yi don faɗaɗa hanyar fitowar jariri, uku cikin huɗu ba a nemi yardarsu ba. Duk wadda ta taɓa haihuwa a asibitin gwamnati ta san kalaman: "Yi mana shiru! Lokacin da kike yi mu muka aike ki?"

Na san dalilan da muke bayarwa, kuma wasunsu gaskiya ne. Ungozoma ɗaya da mata shida suna naƙuda, dare ya raba, babu wuta, maganin rage zafi mai ƙarfi yana kulle ko babu shi gaba ɗaya. Wanda ke jin kuka kullum, kunnensa yakan dushe don ya iya ci gaba da aiki. Amma allurar kashe wuri da ake yi kafin ɗinki tana cikin magunguna mafiya araha a asibiti, kuma 'yan mintuna take buƙata ta kama. A ɗinke mace ba tare da ita ba, ko a yi mata wankin ciki bayan ɓari tana ƙanƙame da ƙarfen gado, wannan ba talauci ne ya jawo shi ba. Mun saba ne da ganin cewa mace ai ta iya ɗauka.

Hausawa suna cewa ciwon 'ya mace na 'ya mace ne. Ina son wannan magana, ina kuma fatan mu cika ta, domin sau da yawa mai cewa "raki ne" mace ce: uwa, uwar miji, malama, nas, likita irina. Wadda ta sha wuya ba a ce mata sannu ba, yakan yi mata wuya ta ga an tausaya wa ta baya.

Haƙuri bai hana faɗin ciwo ba

Za a ce miki haƙuri ibada ne, kuma haka ne. Ni ba malamar addini ba ce, fatawa ta malamai ce, amma kowa yana karanta Suratu Maryam. A aya ta 23, lokacin da naƙuda ta kai Nana Maryam gindin dabino, Alƙur'ani ya kawo maganarta kamar yadda ta faɗa: kaitona, da ma na mutu kafin wannan, na zama abin da aka manta. Macen da Allah Ya zaɓa a kan matan talikai ke nan. Ba a ce mata ta yi raki ba. Kiranta aka yi aka ce kada ki yi baƙin ciki, ga ruwa a ƙarƙashinki, girgiza dabinon ya zubo miki da nunannun 'ya'ya, ki ci ki sha hankalinki ya kwanta. Ki lura da jerin: an ji ta, an rarrashe ta, sannan aka ba ta abin da jikinta ke buƙata. A Suratu Luƙman an kira ɗaukar ciki rauni a kan rauni. A Sahihul Bukhari kuma akwai ranar da Nana A'isha ta ce wayyo kaina a gaban Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya amsa mata, har shi ma ya ambaci nasa ciwon kan. Haƙurin da aka umurce mu da shi yana hana fushi da ƙaddara ne. Gaya wa mai magani inda ke miki ciwo yana cikin neman maganin da aka umurce mu da shi.

Ciwonki

Ba zan iya gano cutarki daga wasiƙa ba, sai an duba ki. Amma abin da kika kwatanta ya isa a bincika da gaske. Ciwon mara na al'ada da yawancin 'yanmata ke ji yana zuwa ne daga matsewar mahaifa, yakan yi kwana ɗaya zuwa uku, kuma magunguna irin su ibuprofen suna kwantar da shi, musamman in an fara sha da zarar alamarsa ta soma, bayan an ci abinci. Mai gyambon ciki ko ciwon ƙoda kada ta sha sai da shawarar likita. Idan kuwa ciwon yana ƙaruwa shekara bayan shekara, ko yana farawa kwanaki kafin jinin, ko ana jin sa wajen bayan gida, ko magani ya daina taɓa shi, to muna tunanin wasu abubuwa, ciki har da indomitiriyosis. Wato wani nama mai kama da shimfiɗar cikin mahaifa ya tsiro a wajenta, a kan ƙwan mace ko hanji ko bangon ƙugu, yana kumbura duk wata yana haddasa tabo. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta yana shafar mace ɗaya cikin 10 a shekarun haihuwa, kimanin mata miliyan 190. Wani nazari na 2011 a ƙasashe 10 ya gano ana ɗaukar kusan shekara bakwai daga fara ciwon zuwa gano shi. Hoton ciki yana iya fitowa lafiya ƙalau alhali cutar tana nan, don haka kada sikanin mai kyau ya sa a rufe maganarki.

Ki nemi likitan mata a babban asibiti. Kafin ki je, ki yi wata biyu ko uku kina rubuta ranar da ciwon ya fara, inda yake, inda yake sauka, maganin da kika sha da ko ya yi aiki, da abin da ya hana ki yi. "Ina jin ciwo sosai" ana iya shashantar da shi. "Duk wata ina rasa kwana uku na makaranta, na suma a banɗaki, sallah a zaune nake yi" yana da wuyar turewa gefe.

Yadda za ki rubuta shi

A nan ni mai karatu ce kawai, amma mai karatun da ta ga abin da ake rubutawa a kai da idonta. Abin da na faɗa miki game da zuwa wurin likita, shi ne kuma shawarata a rubutu.

A labaranmu mace mai ciwo tana yawan zuwa ne a siffa biyu. Akwai baiwar Allah mai haƙuri, wadda kishiya da uwar miji da cuta suka taru a kanta, ba ta cewa uffan sai hawaye, a ƙarshe a saka mata da miji mai kuɗi. Akwai kuma mai langaɓewa don miji ya ɗauke ta ya kai asibitin kuɗi. Ta farko tana koya wa yarinya mai karatu cewa shiru ne ke kawo sakamako. Ta biyu tana koya wa namiji mai karatu cewa ciwon mace dabara ce. Dukansu suna biyo ni har ɗakin duba marasa lafiya.

Ban karanta labarinki ba, amma ina zaton ƙawarki ta taɓo wani abu ko da ba ta faɗe shi daidai ba. Idan shafi ya cika da hawaye masu zafi da zuciya mai ƙuna, mai karatu yana ganin marubuciya tana umurtarsa ya ji tausayi, sai ya ja baya. Ciwon bai yi yawa ba, bayaninsa ne ya yi kaɗan. Ki saurari yadda mata ke kwatanta ciwo in an ba su dama, kalmominsu sun fi na littattafan likitanci kaifi: yana murɗa mini, yana suka, yana zogi, yana tsarga mini har cinya, kamar ana jan wani abu ƙasa. Ki nuna yarinyarki tana lissafin kwanaki a kan jadawalin jarrabawa tana addu'ar kada su haɗu. Ki nuna ta kwance a kan simintin ɗaki don sanyinsa, da robar ruwan zafi naɗe a tsumma. Ki sa mu ji muryar yayarta daga tsakar gida tana cewa "an fara ke nan." Ba sai kin ce mana tana baƙin ciki ba.

Wata mata ta taɓa shigowa wurina da ƙafarta, ta durƙusa ta gaishe ni, ta tambayi iyali, sannan ta ce cikinta ne ke ɗan damunta, da kafaɗarta ta dama. Na buɗe tafin hannunta na ga ya yi fari fat, bugun jininta yana gudu. Ciki ne ya zauna a bututun mahaifa ya fashe, jini ya cika mata ciki har yana taɓa jijiyar da ke kai zafi kafaɗa. Muna tura ta ɗakin tiyata tana tambayar wa zai ɗauko yara daga islamiyya. Da a labari kika rubuta ta tana birgima tana kururuwa, da kin yi mata ƙarya, da kuma kin ɓoye wa mai karatu abin da ya fi ban tsoro, wato yadda mace ke iya kusantar mutuwa tana gaisuwa.

Ki bar wa yarinyarki rayuwa bayan ciwon. Ta yi dariya, ta yi rowa, ta iya lissafi, ta yi fushi, ta yi wa ƙanwarta tsawa ba da haƙƙi ba ranar da ciwon ya tashi. Marar lafiya ba waliyyiya ba ce, kuma bai kamata sai ta zama waliyyiya za a ba ta magani ba. Masu ƙaryata ta ma kada ki mai da su azzalumai. Uwar da ke cewa raki ne, ki nuna mana ita da dare tana dafa mata citta da kanumfari. A irin gidan nan aka fi yin abin, kuma uwa mai karantawa za ta gane kanta a ciki ba tare da ta ji an zage ta ba.

Kada kuma ki warkar da ita da aure a babin ƙarshe. Wasu matan ciwon al'adarsu yana raguwa bayan haihuwa, gaskiya ne, amma mai indomitiriyosis takan tarar aure ya ƙaro mata zafin saduwa da jinkirin samun ciki, ga gorin dangin miji a kai. Akwai yarinyar da za ta karanta labarinki tana kwance da irin ciwon, abin da kika sa jarumarki ta yi shi za ta ɗauka a matsayin hanya.

Idan wata rana kika ɗauko labarin wata mace ta gaske, mai yoyon fitsari ko wadda ta yi ɓari, ki nemi izininta, ki gaya mata inda zai fito da waɗanda za su iya gani, ki sauya suna da gari da duk abin da zai sa a gane ta. Hotunan matan nan a kan gadon asibiti da robar fitsari a gefe suna yawo a Facebook ana tara musu "Allah sarki", su kuwa ƙauyensu za su koma su zauna da mutanen da suka gani. Ki karanta mata abin da kika rubuta kafin ki saki, in ta ce a cire wani wuri ki cire, ko da shi ne wurin da ya fi miki daɗi a rubutun.